Aiki huɗu a wuyan mutum ɗaya: rayuwata a harkar fim a Zariya

Duk wanda ya taɓa kallon fim ɗina ya san sunana yakan fito a wuri huɗu kafin labari ya fara: marubuci, darakta, furodusa, sannan a jerin 'yan wasa. Wasu suna ɗauka son a sani ne. Wasu kuma su ce rowa ce, wai ba na son kowa ya ci arziki a jikina. Na daɗe ina jin waɗannan maganganu ina yin shiru. Yanzu da furfura ta fara yawa, yara masu tasowa kuma suna sallama a ƙofata suna neman shawara, na ga ya dace in faɗi inda abin ya samo asali, da wahalar da ke cikinsa, da dalilin da ya sa ban saki ba.

A cikin birnin Zariya aka haife ni, cikin ganuwa, ba nisa da Ƙofar Kuyambana. Mahaifina, Allah ya jiƙansa da rahama, ɗinkin hannu yake yi, irin na manyan riguna da aka san Zazzau da shi. Na buɗe ido na ga maza zaune a zauren gidanmu tun hantsi, kowa da ƙyalle a kan gwiwa, wani yana kan zanen ɗinkin da ake kira aska biyu, wani yana fama da aska takwas wadda za ta ci masa watanni. Hannu na aiki, baki ma na aiki. Akwai wani abokin sana'ar Baba wanda idan ya ɗauko labarin rigimar gado, ko na dillalin da ya tafi da riga bai dawo da kuɗi ba, sai ya kwaikwayi muryar kowa, da alƙali, da mai ƙara, da matar da ke saurare ta bayan ƙyaure, har sai an soke allura a ƙyalle an zuba masa ido. Ni ina gefe ina zura musu zare a allura, saboda idanunsu sun fara gajiya, ina haddace duk abin da ya faɗa.

Idan azumi ya kwana goma sai mu fita tashe. Ni nake tsara na yaran layinmu. Ni zan ce wane ne zai zama tsoho, in liƙa masa gemun auduga, in cusa tsummoki a rigar wani a yi tumbi, in shiga wasan da kaina, in kuma riƙe gwangwanin kuɗi da jakar hatsin da aka ba mu, mu raba a ƙarshen dare. Da yamma kuma mu cika tsakar gidan maƙwabcinmu mai talabijin muna kallon wasannin NTA Kaduna. Ran da aka ce mini Ƙasimu Yero, ɗan wasan da muke gani a talabijin, ɗan Zariya ne, ɗan garinmu, ban yi barci da wuri ba. Ashe mutum zai iya tashi daga waɗannan lunguna ya shiga cikin akwatin nan.

Da na gama sakandare ban wuce gaba ba, sai na kama kai wa Baba riguna kasuwa. Wani abokina ne ya samu gurbi a Jami'ar Ahmadu Bello, a fannin wasan kwaikwayo, ya riƙa jan ni zuwa Samaru ina kallon gwajin da suke yi. Wanda bai taɓa shiga dandalin wasansu ba zai yi mamaki. Ginin ƙasa ne da aka yi a tsakiyar shekarun 1970, ɗakuna zagaye da fili irin na gidan Bahaushe, sama a buɗe, tsakar gidan ita ce wurin wasa. Na shiga na ji kamar ban bar unguwa ba.

Abin da ya kama ni a wurin shi ne yadda suke samo labari. Ɗalibai sukan shiga unguwannin Samaru da ƙauyukan kewaye, su zauna da mutane su saurari damuwarsu, ta ruwan sha ko ta taki ko ta auren dole, sannan su dawo su gina wasa a kan abin da suka ji, su sake komawa su yi shi a gaban mutanen da suka ba da labarin. Da yawa daga cikin ɗaliban daga kudu suke, ba su jin Hausa sosai, don haka na zama ɗan rakiya kuma tafinta. Wata rana a wani ƙauye da ke bayan Samaru ana wasa a kan rabon takin zamani, wani ɗalibi ya fito a matsayin mai rabo yana ta hargowa da zare ido. Sai wani dattijo ya miƙe daga cikin 'yan kallo, ya karkaɗe rigarsa, ya ce, “Yaro, ba haka suke yi ba. Wanda zai cuce ka ba ya ɗaga murya.” Ya shigo tsakiyar fili, ya kama hannun wanda ya fito a manomi da hannu biyu, ya tambaye shi iyali, ya tambaye shi ya gona, ya yi masa addu'a, sannan cikin murya ƙasa-ƙasa ya ce, “Naka yana nan, sai dai ka dawo jibi.” Wurin ya kaure da sowa, domin kowa ya san wannan jibin. Tun daga ranar na ɗaura niyyar ba zan rubuta komai ba sai na fara zama na saurari masu abin.

A lokacin kaset ɗin Hausa ya cika gari. Abin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fara a Kano a 1990 da fim ɗin Turmin Danya ya zama babbar kasuwa, har zuwa 1999 aka raɗa wa masana'antar suna Kannywood. Duk mai son fim Kano yake nufa, ni ma na hau mota a Kwangila na tafi. Na fito a maigadi, na fito a ɗan aike, na fito a ɗan sanda mai tsayawa a bayan mai laifi ba ya cewa uffan. Ranar da ba a sa ni a wasa ba sai in riƙe fitila, ko in naɗe waya, ko in tsaya kusa da mai kyamara ina kallon inda yake sa ido. A haka na koyi abin da na koya. Ina gode wa waɗanda suka bar ni na tsaya kusa da su, domin ba dole ba ne a kansu.

A ɗakin da muke kwana na rubuta labarina na farko, a littafin makaranta. Labarin wani tsoho ne mai ɗinkin hannu wanda keken ɗinki ya fara kashe masa kasuwa, ga ɗansa ya ƙi gadon sana'ar, ga dillali ya riƙe masa kuɗin riga. Na kai wa wani ɗan kasuwar kaset a Ƙofar Wambai. Ya ba ni kujera, ya sa aka kawo mini ruwa, ya saurare ni har ƙarshe. Sannan ya ce, “Kai Bazazzagi, labarinka ya yi kyau, amma waƙa nawa ce a ciki?” Na ce, “Ranka ya daɗe, babu waƙa.” Ya ce, “To fuskar wa za mu sa a kwali? Tsoho?” Na ce ai labarin na tsohon ne. Ya yi murmushi ya ce in je in sa waƙoƙi uku, in mayar da ɗan tsohon ya zama saurayi tsakanin 'yan mata biyu, kuma a yi maganar da Kananci, domin idan aka ji “rigan” da “motan” irin na bakin Zazzagawa, dariya za a yi tun daga Kano har Maraɗi.

Ban taɓa riƙe mutumin nan a zuciya ba. Wasa tsakanin Kanawa da Zazzagawa tsohon abu ne, kuma a maganar kasuwa gaskiyarsa ya faɗa. Yadda harkar take a lokacin, furodusa shi zai yi fim ya buga kwalaye, 'yan kasuwa su sayi kwalayen, su kwafi fim ɗin a kan kaset ɗinsu, su saka a ciki su sayar. Ribar furodusa tana kan yawan kwalin da ya shiga. Mai saye kuwa kwali yake kallo, ya duba fuskar jaruma, ya tambaya ko akwai waƙa mai daɗi. Wanda ya zuba kuɗinsa a irin wannan tsari dole ya nemi abin da zai dawo masa da su.

Amma akwai wani labarin da na sayar, saboda yunwa da kuɗin haya. Da fim ɗin ya fito na zauna a gidan kallo ina jiran in ga abin da na rubuta. An cire uwar da labarin yake kanta tun a farko, an kashe ta a hatsarin mota don a samu wurin rawa. Sunana yana nan a rubuce, labarina kuwa babu shi. Na fito na daɗe a tsaye a bakin titi. A daren na gane cewa marubuci ba shi da iko a kan abin da ya rubuta sai in shi ne darakta, darakta ba shi da iko sai in shi ne mai kuɗin, tsohon nan nawa kuma ba zai taɓa fitowa da muryarsa ba muddin kuɗin wani ne. Ban ɗauki ayyukan nan don na fi kowa iyawa ba. Na ɗauke su ne domin in samu bakin cewa a'a.

Na dawo gida na faɗa wa Baba a zaure bayan sallar isha'i. Bai ɗago daga ɗinkinsa ba. Ya daɗe shiru, sannan ya ce, “Ka san hannu nawa riga ɗaya take bi kafin a sa ta? Masaƙi, marini, mai zane, mai ɗinki, mabugi. Kai kana so ka zama dukkansu.” Na ce, “Baba, in ban yi haka ba, ba za a ɗinka irin wadda nake so ba.” Sai ya ajiye allura ya dube ni. Ya ce ba ya son a riƙa kiran ɗansa ɗan wasa, kuma ba zai ɓoye mini ba, amma ya ga zuciyata ta riga ta tafi. Sharaɗi ɗaya ya kafa mini. “Kada ka kwana da haƙƙin wanda ya yi maka aiki. Mun sha wannan a hannun dillalai, kada a sha shi a hannun ɗana.” Inna kuwa, da yake ni ne ɗan fari ba ta kama sunana, washegari ta leƙo ta ce, “Kai wannan, a kai ragunan nan kasuwa.” Ragunan da take kiwo ne domin babbar sallah. Da kuɗinsu, da kwasar adashin da nake zubi, da abin da wani kawuna ya ranta mini, na fara.

Kyamara daga Kaduna na ɗauko ta haya, tare da mai ita, irin mai ƙaramin kaset. Zauren gidanmu shi ne lokeshan. Tsohon da ya ja fim ɗin kuwa ba ɗan wasa ba ne, abokin Baba ne, mai kwaikwayon muryoyin nan. Na sha roƙo kafin ya yarda, kuma sai da ya ce ba zai haddace komai ba, in faɗa masa abin da ya faru kawai shi zai san abin da zai ce. Ni na fito a ɗan da ya ƙi gado, saboda babu kuɗin ɗauko jarumi, kuma na san yaron nan ciki da waje.

A wannan aikin na san yadda ayyukan huɗu suke faɗa da juna a cikin kan mutum ɗaya. Akwai fitowar da dillali ya zo ya ce wa tsohon mai riga ya fasa saye, bayan an yi watanni ana ɗinki. Muna so mu ɗauka da la'asar, lokacin da rana take shigowa ta ƙofar zaure ta sauka a kan ƙyallen. Da an ce akshin sai ƙaramin jirgin horo ya taso yana shawagi, irin waɗanda duk ɗan Zariya ya saba da ƙararsu, mai ɗaukar sauti ya girgiza kai. A jira ya wuce. Ya wuce, sai janareta ya fara tari. Ni da nake darakta ina kallon hasken yana janyewa daga kan ƙyallen. Ni da nake furodusa ina lissafin man da ya rage a jarka, da kuɗin kwanan kyamara idan muka ƙara yini, da tuwon mutane da ba a biya mai dafawa ba. Ni da na rubuta ina jin tsohon yana sauya maganar da na kwana ina gyarawa. Ga shi kuma an shafa mini hoda ina tsaye a bakin ƙofa, ana jira in shigo da fuskar yaron da bai damu da komai ba. Da aka samu shiru muka ɗauka. Dillali ya gama maganarsa, tsohon bai ce komai ba. Ya shafa aikin da tafin hannunsa, ya ninke rigar yadda ake ninke ta a kai wa mai ita, ya ɗora a gefe, ya jawo wani sabon ƙyalle, ya miƙo mini allura ba tare da ya dube ni ba don in zura masa zare. Babu wannan a rubutuna. Na karɓa na zura, hannuna yana rawa. Mai kyamara bai tsaya ba sai da na ce a yanke, ya juyo idonsa ya yi ja.

Masu cewa hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka sun yi gaskiya, ni ma ban taɓa ɗauka ni kaɗai ba. Mai kyamara, mai sauti, mai kwalliya, matar da ta ara mana kwanuka da tabarmi, yaran da suka tare bakin lungu don kada babur ya shigo, kowa na sallame shi kafin ya tafi gida, ko da abin bai taka kara ya karya ba. Akwai daren da na koma ɗaki babu ko sisi a aljihuna, amma babu ma'aikacin da yake bina.

Bayan an gama haɗa fim ɗin sai neman izini. Akwai hukumar tace fina-finai ta ƙasa, wadda aka kafa a 1993, akwai kuma ta Jihar Kano da ta zo a 2001, wadda sai ka bi ta kanta idan kana son kayanka su shiga kasuwar Kano. Na bi duka. Manyan 'yan kasuwa ba su ɗauki kwali da yawa ba, don haka na ɗaura kwali a bayan babur na bi shagunan Sabon Gari da Tudun Wada da Samaru da kaina, na kai Funtuwa, na kai Kaduna. Fim ɗin bai yi tashe ba. Amma a cikin birni an kalle shi gida-gida, maɗinka suka riƙa tsayar da ni a hanya suna cewa wane dillali nake nufi, kowa da wanda yake zargi. Na biya kawu bashinsa, na mayar wa Inna raguna kafin sallar da ta biyo. Baba bai taɓa ce mini ya kalla ba. Bayan rasuwarsa na ga kaset ɗin a cikin akwatin da yake ajiye zarensa na alharini.

A 2007 aka samu abin kunyar nan na bidiyon wata 'yar fim da ya yaɗu a wayoyi, hukumar Kano ta dakatar da ɗaukar fim na watanni, 'yan fim da yawa suka kwaso kayansu zuwa Kaduna. Mu da muke Zariya dokar ba ta hau kanmu ba, amma baƙin jinin ya hau. An rufe mana ƙofofin gidajen da a da ake ba mu aro. A lokacin ina neman aure, magana ta yi nisa, sai aka aiko wa kawuna cewa a dakata, ba za su ba ɗan fim 'yarsu ba. Abin ya yi mini ciwo ƙwarai, domin ba a tambayi halina ba, sana'ata kawai aka tambaya. Allah ya musanya mini da wadda nake tare da ita yanzu, malamar Islamiyya ce. Ita ce take fara karanta duk abin da na rubuta. Takan ja layi a ƙarƙashin maganar mata ta ce, “Abban yara, mace ba ta faɗar wannan a gaban surukarta, sai dai ta faɗa wa tukunya a madafa yadda za a ji.” Rabin abin da ake yaba mini a maganganun mata nata ne.

Sai kasuwa ta fara zamewa daga hannun kowa. Kaset ya ba faifan CD wuri, faifai kuwa kwafarsa ba ta da wuya, ka saki fim da safe, da yamma ka gan shi a baro ana sayarwa ba da saninka ba. Daga nan masu tura fim a waya suka buɗe shaguna a kowane lungu, a cika maka katin waya da fina-finai da kuɗi kaɗan, wanda ya yi fim ɗin ko kwabo ba ya gani. Fina-finan Indiya da aka fassara da Hausa suka zo suka kwashe sauran masu kallo. Manyan furodusoshi ma sun ji a jikinsu, balle ni. Na yi shekaru ina ɗaukar biki da walima da saukar karatu. Na yi gajerun wasanni na faɗakarwa a kan rigakafin shan inna da zuwa awon ciki. Ban raina wannan aiki ba, shi ya ciyar da 'ya'yana, kuma a gidajen biki na ji labaran da har yau nake ɗiba. Amma akwai dare da yawa da nakan buɗe akwatin rubuce-rubucena in duba in mayar in rufe.

Da tashar Arewa24 ta fara aiki a 2014, mutane suka saba da fim mai dogon zango, wanda ake bi mako-mako. Zaman kullen korona na 2020 kuma ya tura kowa kan waya, masu shirya fim suka koma YouTube. Wani ɗan ƙanwata ne ya buɗe mini tasha ya koya mini yadda abin yake. Kafin a fara biyanka kuɗin talla sai ka tara masu bibiya 1,000 da awa 4,000 na kallo a cikin shekara guda, kuɗin kuma ba ya fitowa sai ya kai dala 100. Abin da ake samu daga mai kallo a Najeriya bai kai na mai kallo a Turai ko Amurka ba, saboda kuɗin tallan ba ɗaya ba ne. Don haka dole ka nemi 'yan kasuwar gari su sa talla a cikin shirin. Nan ma akwai jarrabawa. Masu maganin da ke cewa suna warkar da kowace cuta sun fi kowa sakin kuɗi, ni kuwa ba na karɓa, domin na san akwai tsohuwar da za ta ajiye maganin asibiti saboda ta ga abin a shirina.

Duk da haka, a karo na farko babu kowa a tsakanina da mai kallo. Babu mai tambayata fuskar wa za a sa a kwali. 'Yan wasana suna magana da Zazzagancinsu yadda suke yi a gida, kuma abin da aka ce za a yi wa dariya shi ne ake rubuto mini godiya a kansa. Wani ya rubuto daga Makka ya ce shekararsa da yawa rabonsa da gida, ya ji muryar gwaggonsa a bakin wata tsohuwa da ta fito a shirin. Na karanta wa tsohuwar saƙon, ta ce in gaya masa ya zo ya ga danginsa tun suna raye.

Wahala ba ta ƙare ba, kamanninta ne suka sauya. Wasu ƙauyukan da muke zuwa ɗauka a da, wajen Giwa, yanzu ba zan kai 'ya'yan mutane can ba saboda masu garkuwa. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kuɗin mota da na janareta suka ninka, muka koma fitilu masu batir da cajin sola, muka taƙaita labari a cikin gida biyu ko uku. Shiri mai fita duk mako kuma ba ya jiran rashin lafiya ko rasuwa. Akwai makon da nake rubuta fitowar gobe a asibiti ina jinyar Inna.

Abu ɗaya da ban daina ba shi ne mayar da fim wurin waɗanda suka ba ni shi. In na gama aiki nakan nemi izinin mai unguwa, mu kafa majigi a ƙofar gidansa bayan isha'i, a ɗaura farin ƙyalle a bango, maza a gefe, mata a gefe, yara a gaba. In an gama ba na barin a watse sai na tambaya ina ne muka yi daidai, ina ne ba haka ake yi ba. Mun nuna wani a kan rabon gado, inda 'yan'uwa maza suka sayar da gida ba da sanin mata ba. Ana gamawa wata mata ta yi magana daga cikin duhu ta ce a gidansu ma haka aka yi, kuma yayanta yana zaune a nan. Wurin ya yi tsit. Liman ya ce su same shi da safe. Ban bi diddigin yadda suka ƙare ba, domin ba hurumina ba ne, amma na san an yi zaman.

Yaran da suke zuwa wurina yanzu sun fi mu kayan aiki, wayar da ke aljihunsu ta fi kyamarar da na yi haya a Kaduna. Wasu sun yi karatun abin a Samaru, wasu a makarantar koyon fim ta Jos. Ba na ce musu su ɗauki komai a kansu kamar yadda na yi. Ina ce musu su san kowane aiki har su iya gane lokacin da ake cutarsu, su rubuta yarjejeniya ko da ɗan'uwansu ne, su sallami mutane a kan lokaci. Na fara sakar musu umarni da tacewa. Akwai wata yarinya a cikinsu da take rubutu, tana da kunnen da ya fi nawa, na ba ta zango guda ta rubuta shi ita kaɗai, ban taɓa mata ko layi ɗaya ba.

Aikin da ke gabana yanzu shi ne wanda na fi daɗewa ina so, labarin magina. Muna da Masallacin Juma'a na birni wanda Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina a shekarun 1830, zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarim, wanda masana gine-gine suka riƙa zuwa gani daga ƙasashen waje kafin wani ɓangarensa ya rushe a 2023, amma yaranmu da yawa ba su san sunan wanda ya gina shi ba. Ba tarihin Babban Gwani zan yi ba, wannan ya fi ƙarfin aljihuna kuma sai da yardar fada. Labarin magini ne na wannan zamani, wanda bulo da siminti suka raba shi da aiki, da jikansa da ya dawo daga makaranta yana son ya koya. Na zauna da tsofaffin magina a cikin birni, sun nuna mini yadda ake kwaɓa ƙasa a bar ta ta kwana, yadda ake murza tubali, yadda ake jera azara a ɗaure ta har bakan rufi ya tashi ya haɗu a sama, da yadda ake shafe da makuba don kada ruwa ya ci bango. Biyu daga cikinsu sun yarda su tayar da ɗaki guda tun daga tushe har rufi a gaban kyamara, wani bawan Allah kuma ya ba mu aron fili a bayan gari. Ginin ƙasa da rani ake yin sa, saboda haka sai ruwa ya ɗauke za mu fara, in Allah ya kai mu. Azara ce ta rage, ta yi tsada kuma mai kyau ta yi wuyar samu, na aika a tambayo mini kuɗinta a wurare biyu ina jiran amsa.